RANCEN GIDA: FARASHINSA BIYU NE

Babu magidancin da ba ya marmarin ranar da zai rufe ƙofar gidansa ya kwanta, ba mai zuwa da sassafe ya ce masa shekara ta cika, a kawo kuɗin haya. A Jos ko Kaduna, a Gombe ko Yola, labarin ɗaya ne. Ana tara kuɗin shekara guda a miƙa wa mai gida, kafin a huta wata shekarar ta zagayo, sau da yawa kuma da ƙari a kai. Shi ya sa in aka ce wa ma'aikaci ga banki zai ba shi rance ya sayi gida, ya riƙa biya kaɗan kaɗan kowane wata, sai zuciyarsa ta yi fari.

Rancen ba laifi ba ne. Iyalai da yawa sun sami wurin zama ta wannan hanya, suna kuwa godiya. Amma mun lura yawancin masu zuwa banki tambaya ɗaya suke yi: "Nawa zan riƙa biya a wata?" Tambaya ce mai kyau, sai dai tana da 'yar'uwa wadda ake mantawa da ita: "In na gama biya, nawa ne duka ya fita daga hannuna?" Kowane rancen gida farashinsa biyu ne, na wata da na ƙarshe. Wanda ya san ɗaya bai san ɗayan ba, bai san abin da ya sa wa hannu ba. A wannan wata bari mu zauna tare, maigida da uwargida, da takarda da fensir, mu duba su duka biyu.

Mece ce jinginar gida?

Jingina ba baƙuwar al'ada ba ce a wurinmu. Kakanninmu sukan jinginar da gona, a karɓi kuɗi, gonar ta zauna a hannun mai ba da rance har a biya. Ta banki ta ɗan bambanta. Kai za ka zauna a gidan, amma takardunsa suna hannun banki. Ka gama biya, a mayar maka da su. Ka kasa, banki yana da iko ya sayar da gidan ya ɗauki kuɗinsa.

A Nijeriya hanyar da ta fi sauƙi ga mai albashi ita ce ta Asusun Gidaje na Ƙasa, wato NHF, wanda aka kafa da doka a 1992. Bankin Lamunin Gidaje na Tarayya, FMBN, shi ne yake riƙe da asusun. Wannan banki ya samo asali daga wata ƙungiyar gine-gine da aka kafa a 1956, ya kuma sami sunansa na yanzu a 1977. Ma'aikaci yakan zuba kashi 2.5 cikin 100 na albashinsa kowane wata. Bayan ya yi wata 6 yana zubawa, yana iya neman rance ta hannun ɗaya daga cikin bankunan jingina da aka amince da su. Ruwan wannan rance kashi 6 cikin 100 ne a shekara, ana kuma iya biya har shekara 30. An daɗe iyakar rancen tana Naira miliyan 15, daga baya aka ɗaga ta zuwa miliyan 50.

Za mu yi lissafinmu a kan Naira miliyan 10, domin sauƙi. Mai neman miliyan 5 sai ya raba kowace lamba biyu, mai neman miliyan 20 ya ninka.

Uwar kuɗi da ruwa

Abin da kake biya kowane wata kashi biyu ne a haɗe. Akwai ruwa, wato ladan banki. Akwai kuma abin da ake ragewa daga uwar kuɗi, wato ainihin bashin. Banki yakan fara ɗaukar ruwansa, abin da ya saura shi ne yake rage bashi.

A ce ka karɓi N10,000,000 a kan kashi 6, za ka biya cikin shekara 30. Biyanka na wata N59,955 ne. Ruwan shekara guda a kan miliyan 10 shi ne N600,000, wato N50,000 a wata. Ashe a watan fari, daga cikin N59,955 da aka cire maka, N50,000 ruwa ne. N9,955 kaɗai ya taɓa bashin. Wata na biyu bashin ya ɗan ragu, ruwa ma ya ɗan ragu, rabon uwar kuɗi ya ɗan ƙaru. Haka abin yake tafiya, amma tafiyar hawainiya yake yi.

Ga abin da yakan ba mutane mamaki. Bayan shekara 10 cur kana biya ba fashi, ka zuba wajen N7,195,000. Kana tsammani ka ci ƙarfin bashin. Ka je banki ka tambaya, sai a ce har yanzu ana binka wajen N8,370,000. Bayan shekara 15, rabin lokaci ke nan, saura wajen N7,100,000. Sai an shiga shekara ta 19 kafin rabon uwar kuɗi ya fi na ruwa a cikin biyan wata. Ba cuta aka yi maka ba, haka lissafin yake. Amma gara mutum ya sani tun da wuri da ya sani ranar da ya so sayar da gidan, ko ranar da aka yi masa canjin wurin aiki.

In ka kai ƙarshen wata 360, abin da ka biya duka wajen N21,584,000 ne. Gida ɗaya ka shiga, amma kuɗin gida biyu ka biya, har da ɗori.

Yawan shekaru

Yanzu mu bar ruwa a kashi 6 ɗin, mu sauya yawan shekaru kaɗai.

Shekara 30: N59,955 a wata, duka wajen N21,584,000.
Shekara 20: N71,643 a wata, duka wajen N17,194,000.
Shekara 15: N84,386 a wata, duka wajen N15,189,000.
Shekara 10: N111,021 a wata, duka wajen N13,323,000.

Ku dubi layin fari da na biyu. Bambancinsu a wata bai kai N12,000 ba. Amma mai shekara 20 ya tsira da fiye da Naira miliyan 4 da dubu 300, ya kuma huta shekara 10 kafin ɗan'uwansa. Tsawon lokaci yana sauƙaƙa nauyin wata, yana kuwa ƙara nauyin ƙarshe. Ba mu ce kowa ya zaɓi gajeren lokaci ba, gama wani albashinsa ba zai ɗauka ba. Abin da muke cewa shi ne, kowa ya san abin da yake saye da wannan sauƙi, da kuma nawa ya saye shi.

Har wa yau, ba kowa ne ake ba shekara 30 ba. Banki yakan duba shekarun da suka rage wa mutum kafin ya yi ritaya. Mai shekara 45 wanda zai ajiye aiki yana da 60, shekara 15 ce tasa. Don haka shi layi na uku ne ya shafe shi, ba na fari ba.

Kashi 6 da kashi 24

Ba kowa yake samun rancen asusun gwamnati ba. Akan yi dogon jira, takardu kuma suna da yawa. Wadansu in sun gaji sai su nufi bankin kasuwanci. A nan ne ya kamata a buɗe ido sosai. A watan Nuwamba na 2024 Babban Bankin Nijeriya ya kai ma'aunin ruwansa kashi 27.5 cikin 100, a lokacin kuwa ruwan rancen bankunan kasuwanci ya haura kashi 20 nesa ba kusa ba.

Mu ɗauki kashi 24 a shekara, wato kashi 2 a wata. Ruwan watan fari a kan miliyan 10 shi ne N200,000. In za a biya cikin shekara 20, biyan wata N201,741 ne. Cikin wannan kuɗi duka, N1,741 ne kaɗai ya rage bashi a watan fari. A ƙarshe an biya wajen N48,418,000, kusan ninki biyar na abin da aka karɓa.

In kuwa shekara 10 aka zaɓa, biyan wata N220,481 ne, duka wajen N26,458,000. Ku lura da kyau. Ƙarin shekara 10 bai rage ko N19,000 a wata ba, amma ya ɗora kusan Naira miliyan 22 a ƙarshe. Darasin a fili yake: in ruwa ya yi yawa, tsawaita lokaci ba ya taimakon mai bashi, banki yake taimako.

Tambayoyi biyu a kan ruwa

Ba yawan ruwa kaɗai za a tambaya ba. A tambayi yadda ake lissafa shi. Akwai ruwan da ake lissafawa a kan abin da ya rage na bashi, irin wanda muka yi aiki da shi a sama. Akwai kuma wanda ake lissafawa a kan dukan kuɗin da aka karɓa tun farko, ko da an biya rabi. Wadansu ƙungiyoyin gama kai na ma'aikata da ƙananan bankuna da wannan na biyu suke aiki. A ce ka ranci N1,000,000 domin yin rufi, a kan kashi 10, shekara 5. In a kan abin da ya rage ake lissafi, ruwanka duka wajen N275,000 ne. In a kan dukan kuɗin ne, ruwanka N500,000. Duka biyu "kashi 10" aka rubuta, amma na biyun daidai yake da fiye da kashi 17 a lissafin farko.

Sa'an nan a tambaya ko ruwan tsayayye ne, ko kuwa banki yana da iko ya ɗaga shi. Takardu da yawa suna da wani ɗan layi da yake cewa ruwa zai iya sauyawa bisa ga yanayin kasuwa. Wannan ɗan layi yana cikin abubuwan da suka jefa iyalai masu ɗimbin yawa cikin wahala a Amurka a 2007 da 2008. Sun karɓi rance ruwansa kaɗan ne da fari, bayan 'yan shekaru ya tashi, farashin gidaje kuma ya faɗi, aka ƙwace gidajensu. Ɗan hakin da ka raina shi yake tsone maka ido.

Kuɗin da ba a faɗa a talla

Kafin a ba ka mabuɗi akwai kuɗin da za ka fitar daga aljihunka. Na fari shi ne naka kason na farashin gidan. A 2018 FMBN ya sauƙaƙa wannan: rancen da bai wuce miliyan 5 ba babu kason da ake nema, daga nan zuwa miliyan 15 kuwa kashi 10 cikin 100 ne. Bankunan kasuwanci sukan nemi fiye da haka. Tun 2022 hukumar fansho ta ƙasa ta yarda ma'aikaci ya ɗebi har kashi 25 cikin 100 na ajiyarsa ta fansho domin biyan wannan kaso. Taimako ne, amma a tuna abin da aka ɗiba yau ba za a same shi ranar tsufa ba.

Bayan wannan akwai kuɗin mai kimanta darajar gida, da na lauya, da na binciken takardu a ma'aikatar filaye, da kuɗin kan sarki, da na rajista. Bisa ga dokar filaye ta 1978, ƙasa tana hannun gwamnan jiha a matsayin amana, don haka ba a jinginar da filin da yake da takardar mallaka, wadda aka fi sani da C of O, sai da yardarsa. Neman wannan yarda yana cin kuɗi, yana kuma cin lokaci, kowace jiha da nata tsari. A nemi a rubuta maka waɗannan duka a takarda ɗaya tun kafin ka cika fom.

Bayan an tare ma akwai sauran aiki. Akwai inshorar gobara, da inshorar rai wadda za ta biya sauran bashi in mai rance ya rasu, da harajin fili na shekara shekara. Akwai kuma gyara. Dā in rufi ya yi yoyo ko masai ya cika, mai gida kake kira. Yanzu kai ne mai gidan. In gidan yana bayan gari, inda filaye suka fi araha, sai a ƙara kuɗin mota zuwa wurin aiki da makarantar yara, watakila da na sayen ruwa. Duk waɗannan suna cikin farashin wata, ko da ba su fito a takardar banki ba.

Nawa albashi zai iya ɗauka?

Ƙa'idar da aka saba bi ita ce kada biyan wata ya wuce kashi ɗaya cikin uku na abin da mutum yake samu. Mai biyan N59,955 yana bukatar albashin wajen N180,000. Mai biyan N84,386 yana bukatar wajen N253,000. In muka tuna cewa mafi ƙarancin albashi da aka amince da shi a 2024 N70,000 ne, za mu ga ƙaramin ma'aikaci ba zai kai ga rancen miliyan 10 ba shi kaɗai.

Amma ƙa'idar banki ba ta san gidanka ba. Ba ta san kana da yara huɗu a makaranta ba, ko tsohuwa a ƙauye, ko marayun ɗan'uwanka da kake riƙo. Ku zauna ku biyu ku rubuta abin da yake shigowa tabbas, ban da kuɗin da ake sa rai. Ku fitar da zakka da baiko, da abinci, da kuɗin makaranta, da magani, da na dangi. Abin da ya rage shi ne ainihin ƙarfinku. In an haɗa da cinikin uwargida ko albashinta, a tambayi kai: in ta haihu, ko kasuwa ta tsaya wata uku, za mu iya? In kuma wurin aikinku akan yi jinkirin albashi, ku sani ruwan banki ba ya jiran a biya ku. Yana da kyau a ajiye kuɗin biyan wata uku a gefe kafin a fara.

Ga wata dabara mai sauƙi. Kafin ku karɓi rance, ku gwada kanku wata shida. Kowane wata ku cire daidai abin da banki zai riƙa cirewa, ku ajiye, kada ku taɓa. In gida ya tafi lafiya, kun san za ku iya, kun kuma tara wani abu na lauya da rajista. In kuwa kafin 20 ga wata an fara cin bashin mai kanti, kun sami amsa ba tare da kun yi hasarar kome ba.

Abin da yake gefen mai rance

Kada mu faɗi nauyi kaɗai mu bar sauƙi. In ruwa tsayayye ne kuma kaɗan, faɗuwar darajar kuɗi tana taimakon mai bashi. A 1981 mafi ƙarancin albashi a ƙasar nan N125 ne. A 2011 ya zama N18,000, a 2019 N30,000, a 2024 N70,000. Kuɗin haya yana bin wannan hawa, amma biyan wata na mai rance yana nan inda aka yanka shi. N59,955 da take da nauyi yau, bayan shekara 15 tana iya zama abu kaɗan. A watan Disamba na 2024 hauhawar farashi ta kai kashi 34.8 cikin 100, ga rancen asusun gidaje yana kashi 6. Wanda ya sami irin wannan rance ya sami alheri, ban da shakka. Sai dai a tuna, tsadar nan ita ce kuma take cinye kuɗin cefane, albashi kuwa ba ya saurin bin ta. Sauƙin yana gaba, shekarun fari su ne masu wuya, su ne kuma za a yi wa shiri.

Abu na biyu, mai rance yana iya gajarta wa kansa hanya. A rancen nan na shekara 30, in ka ƙara N10,000 kowane wata a kan uwar kuɗi, za ka gama cikin shekara 21, ka kuma tsira da kusan Naira miliyan 4. Ƙarin da aka yi a shekarun fari ya fi amfani, gama a lokacin ne ruwa ya fi yawa. Amma a fara tambaya ko banki yana cin tarar mai biya kafin lokaci, a kuma tabbata an sa ƙarin a kan uwar kuɗi.

Kafin a sa hannu

Ka roƙi banki ya ba ka jadawalin biya, wato takardar da take nuna kowane wata daga na fari har na ƙarshe, da ruwa, da uwar kuɗi, da abin da ya rage. Ka kai ta gida. In lissafi yana ba ka wuya, ka nemi malamin lissafi ko akawu a cikin 'yan'uwa ku duba tare, ba abin kunya ba ne. Ka tambayi abin da zai faru in ka yi fashin wata ɗaya, da wata uku. Ka tambayi abin da zai faru in ka rasa aiki.

Maigida, kada ka ɓoye wa matarka wannan al'amari. Mun sha ganin gwauruwa tana cikin makoki, ga dangi suna maganar gado, ga takardar banki ta iso, ita kuwa ba ta taɓa sanin gidan yana jingine ba. Ta san sunan bankin, da abin da ake biya, da inda takardar inshora take. Ku shawarta a kan sunan da za a rubuta a takardun gida, ku kuma rubuta wasiyya.

In lissafi ya nuna rancen ya fi ƙarfinku, ba ƙarshen zance ke nan ba. Ana iya karɓar ƙaramin rance a yi ɗaki biyu da zaure, a bar fili domin gaba. Ana iya bin hanyar da iyayenmu suka bi: bana fili, baɗi bulo, wata shekara kwano. Ita ma tana da nata farashi, domin siminti yana tashi kana kuma biyan haya, saboda haka ita ma a sa ta a ma'auni ɗaya. A Bishara ta hannun Luka, sura 14, Ubangijinmu ya ba da misalin mai gini da ya kafa harsashi bai yi lissafi ba, aikin ya tsaya. Lissafin nan ba rashin bangaskiya ba ne, aikin mai riƙon amana ne.

To, in ka zauna gaban ma'aikacin banki ya faɗa maka biyan wata, ka ɗauki fensir ka ninka shi da yawan watannin, ka ƙara kuɗin shiga da na inshora, ka rubuta jimlar a ƙarƙashin farashin gidan. Ka kai wa uwargida lambobin nan biyu ku duba tare, ku kwana a kansu, sa'an nan ku yanke shawara.